Barorin gidajen Ingila: a fara da ƙagaggun labarai ko da abin da barorin suka rubuta da kansu?

Wanda ya ƙuduri sanin rayuwar 'yan aikin gida a Ingila, ko ɗalibin adabin Ingilishi ne da aka ɗora wa kundin kammala digiri, ko mai sha'awa ne kawai da ya gama kallon shirin talabijin na Downton Abbey ya fara tambayar kansa ko haka abin yake, zai tarar hanya ta rabu biyu a gabansa. Ta farko ita ce ƙagaggun labaran manyan marubuta, tun daga Samuel Richardson a 1740 har zuwa Kazuo Ishiguro a 1989. Ta biyu ita ce abin da barorin suka bari da hannunsu, wato tarihin rayuwarsu da rubutun yau da kullum, haɗe da takardun hukuma irin na ƙidaya da na kotu. Mai lokaci da kuɗi sai ya bi duka biyun. Yawancinmu kuwa zangon karatu ɗaya muke da shi, da datar da ake lallaɓawa, don haka dole a san wacce za a fara bi, da wacce za a gaskata idan suka saɓa. Ni dai a ganina a fara da ta biyu. Sai dai shawarar ba kowa ta dace da shi ba, kuma ita ma hanyar tana da nata ramukan.

Kafin a auna hanyoyin, ya kamata a san su wane ne barorin nan. Ƙidayar 1891 ta Ingila da Wales ta lissafa mata kusan miliyan 1.4 masu aiki a cikin gidajen mutane, maza kuwa ba su kai 60,000 ba. Ke nan ga kowane namiji ɗaya akwai mata sama da 20. Babu wata sana'a da ta ɗebi mata kamar wannan a lokacin, har masaƙun Lancashire da ake ta kuranta su. Yawancinsu 'yan mata ne daga ƙauyuka, da yawa ba su kai shekara 20 ba. Abin da ya fi muhimmanci kuma, mafi yawan gidajen da ke da 'yar aiki, guda ɗaya tak suke da ita. Ita ce kuku, ita ce mai shara, ita ce mai wanki, ita ce mai raino, komai da ruwanta. Littafin tafiyar da gida na Isabella Beeton na 1861 ya zayyana abin dalla-dalla: gidan da ke samun fam 150 zuwa 200 a shekara, 'yar aiki ɗaya ce daidai ƙarfinsa, sai wanda ke samun fam 1,000 ne zai iya ajiye kuku da 'yan aiki biyu da mai raino da bara namiji. Albashin waccan yarinyar tilo, a lissafin littafin, fam 9 zuwa 14 ne a shekara. Babban hadimin gidan masu hannu da shuni, irin wanda a fada za a kira sarkin gida, yana iya kaiwa fam 50.

Ƙarancin maza yana da dalili. A 1777 gwamnatin Lord North ta ɗora haraji a kan kowane bara namiji, fam ɗaya da sule ɗaya a shekara, don samun kuɗin yaƙin da take yi da Amurkawa masu neman 'yanci. An gwada irinsa a kan mata a 1785, aka soke a 1792, amma na maza ya yi ta jan ƙafa har 1937. Bara namiji ya zama ado, alamar arziki, har akan ƙara wa dogo albashi a kan gajere saboda kayan sarki sun fi yi masa kyau a bakin ƙofa.

To, yanzu a buɗe ƙagaggun labarai a ƙirga barorin da ke ciki. Za a ga lissafin ya juya. Sarakunan gida, barorin da ke kula da tufafin maigida, dattijai mata masu riƙe da makullai, malaman gida masu koyar da yara, su ne suka cika wuri. Yarinyar nan tilo da ke kwana a ɗakin girki na ƙarƙashin ƙasa, wadda ita ce mafi yawa a zahiri, da ƙyar ake hango ta. Wannan shi ne babban dalilin da ya sa na ce kada a fara da labarai. Wanda ya fara da su zai gina wa kansa wata Ingila ta manyan gidaje masu barori 30, ya zo daga baya yana fama da rushe ta.

Amma a yi wa labaran adalci, don suna da abin da ba a samu a wani wuri. Pamela, littafin Richardson na 1740, wanda wasu ke lissafawa cikin tushen ƙagaggen labari na Ingilishi, labarin 'yar aiki ce mai shekara 15 da ubangidanta ya matsa wa lamba, ta ƙi, ya sace ta, ta ƙi, har ƙarshe ya aure ta. Idan ana neman yadda rayuwa take, wannan ƙarshen tatsuniya ce. Idan kuwa ana neman abin da ke cin ran masu gida, littafin ma'adini ne. Shekara ɗaya kacal da fitowarsa Henry Fielding ya mayar da martani da Shamela, inda ya nuna yarinyar a matsayin makira mai farautar dukiya. Tun kafin su, a 1725, Daniel Defoe ya wallafa ƙasida yana ƙorafin cewa 'yan aiki sun tsawwala albashi, suna sa tufafin da ba a bambanta su da iyayen ɗakinsu. Jonathan Swift kuma ya yi wa barori ba'a mai zafi a wani littafi da ya fito a 1745. Duk waɗannan suna faɗa maka abu ɗaya: mai gida yana tsoron wanda ke shiga ɗakinsa, yana jin sirrinsa, yana ganin ƙazantarsa. Tsoron nan gaskiya ne na tarihi, kuma labarai ne suka fi adana shi.

Akwai kuma darasi a cikin shirun marubuta. A littattafan Jane Austen wuta tana kamawa, abinci yana zuwa, wasiƙa tana isowa, amma hannun da ya yi aikin ba a cika ganinsa ba. Duk da haka, a Pride and Prejudice na 1813, shaidar dattijuwa mai riƙe da makullan Pemberley, gidan Darcy, ta taimaka wajen sauya ra'ayin Elizabeth game da shi. Wato ana kiran bara ne lokacin da ake buƙatar shaida a kan ubangida, ana gamawa a sallame shi. Haka 'yar aiki Nelly Dean ta ɗauki nauyin ba da mafi yawan labarin Wuthering Heights na 1847, haka sarkin gida Gabriel Betteredge ya buɗe The Moonstone na 1868. Bakinsu ake ara, amma labarin na wasu ne. Ɗalibin adabi zai iya rubuta babi guda mai kyau a kan wannan kaɗai, kuma Bruce Robbins ya riga ya share hanya da littafinsa The Servant's Hand na 1986.

Charles Dickens ya fi sauran kusanci da abin, don kakarsa ta wajen uba mai riƙe da makullai ce a gidan dangin Crewe. A The Old Curiosity Shop ya zana wata ƙaramar yarinya da ake tsarewa a ɗakin ƙasa ana ba ta abincin da bai kai ya kawo ba, ba ta ma san sunanta ba, kuma wannan na daga cikin wurare ƙalilan da 'yar aiki tilo ta samu shiga adabin zamanin. Amma barorin da Dickens ya fi so su ne masu biyayya har abada irin Sam Weller, wanda ya sa aka kai shi kurkuku don kada ya rabu da ubangidansa. George Orwell ya lura da wannan a sharhinsa na 1940 a kan Dickens, kuma da gaskiyarsa.

Jane Eyre da Agnes Grey, duka na 1847, kan ruɗi ɗalibai. Charlotte da Anne Brontë sun yi aikin malamar gida da kansu, don haka ɗacin da ke cikin rubutun ba na aro ba ne. Sai dai malamar gida 'yar masu ilimi ce da talauci ya riska. Ba ta goge murhu, ba ta zubar da fo, kuma su kansu barorin ba sa ɗaukar ta tasu. Jane tana karɓar fam 30 a shekara, ninki biyu ko fiye na 'yar aiki tilo. Wanda ya ɗauki Jane Eyre a matsayin littafin barori ya yi kuskuren aji, kuma malamin da ya san abin zai kama shi a shafin farko.

Idan dole sai ƙagaggen labari ɗaya, ni Esther Waters na George Moore, 1894, zan zaɓa. Yarinyar ɗakin girki ce da wani bara abokin aikinta ya yi wa ciki, aka kore ta, ta haihu a asibitin talakawa, ta koma shayar da jaririn wata mai kuɗi alhali nata ɗan yana hannun irin matan nan da ake biya su riƙe jarirai, waɗanda da yawa jariran ba sa fita da rai daga hannunsu. A nan labari da takardun hukuma sun yi kusan haɗuwa. Jeeves, baran da ke cikin labaran P. G. Wodehouse, wanda ya fara bayyana a 1915, a karanta shi don dariya da daɗin Turanci, kada a nemi tarihi a wajensa.

Yanzu ga ɗaya hanyar. Hannah Cullwick, haifaffiyar Shifnal a Shropshire a 1833, ta shiga aikin gida tana da shekara 8, kuma ta shafe shekaru tana rubuta abin da ta yi kowace rana. Karanta shafi ɗaya na rubutunta ya fi babi goma na bayani. Ta buɗe tagogi, ta hura wutar kicin, ta share ɗakuna, ta goge murhu da baƙin shuni, ta goge takalma, ta gyara gadaje, ta zubar da fo, ta wanke kwanuka, ta goge wuƙaƙe, ta durƙusa ta wanke matakalar ƙofar gida da daɓen titi, ta dafa abincin dare, ta sake wanke-wanke. Jerin ayyuka ne kawai, babu kwalliyar magana, washegari ma haka. A nan ne mai karatu zai gane cewa gidan Ingila na wancan zamani da ƙarfin mutum yake tafiya: kwal da ake ɗauka hawa uku ko huɗu, ruwan wanka da ake hawa da shi a tulu a sauko da shi a bokiti, toka da hayaƙin da ke mayar da aikin jiya sabo. Babu marubucin labari da ya taɓa ba aikin kansa wannan fili, don mai saye ba zai jure ba.

Margaret Powell ta zo daga baya. An haife ta a Hove a 1907, ta ci jarrabawar shiga makarantar gaba amma iyayenta ba su da halin barin ta ta ci gaba, ta yi aikin gidan wanki, sannan ta shiga ɗakin girki tana da shekara 15. Littafinta Below Stairs ya fito a 1968, kuma yana cikin abubuwan da suka haifar da shirin talabijin na Upstairs, Downstairs a 1971. Ita ba ta ɓoye fushinta. Ta ba da labarin yadda ake sa ta cire igiyoyin takalma ta goge su da dutsen guga, da ranar da ta miƙa wa uwar ɗakinta jarida da hannu aka yi mata faɗa cewa kada ta ƙara miƙa komai sai a kan farantin azurfa. Abin da ke ci mata rai, idan aka lura, ya wuce nauyin aikin. Raini ne, da ganin cewa ana zaton ba ta da tunani. A wannan fannin babu ƙagaggen labarin ƙarni na 19 da ya kamo ƙafarta, don marubutan nan kusan dukkansu masu ajiye barori ne, ba su taɓa tsayawa a inda ta tsaya ba. Turancinta kuma mai sauƙi ne, ɗan aji ɗaya a jami'a zai gama shi a 'yan kwanaki.

Akwai wasu. William Tayler, bara a wani gida a Landan, ya rubuta abin da ya faru da shi kullum a shekarar 1837, kuma abin mamaki a rubutunsa shi ne yawan lokacin hutun da yake samu idan aka kwatanta da Cullwick, wanda ke ƙara nuna tazarar da ke tsakanin namiji da mace a sana'a ɗaya. Rosina Harrison ta yi shekara 35 tana kula da tufafin Lady Astor, ta zaga duniya da ita, ta wallafa labarinta a 1975.

Daga bakin irin waɗannan ne ake fahimtar sarƙoƙin da suka ɗaure bara. Babbar sarƙa ita ce takardar shaida. Idan za ka bar gida sai uwar ɗakinka ta ba da shaidar halinka, kuma doka ba ta tilasta mata bayarwa ba. Wadda aka sallama babu shaida, ƙofar gidajen kirki ta rufe mata, ga shi wurin aikinta shi ne wurin kwananta, don haka rana ɗaya take rasa duka biyun. Muhimmancin takardar ya kai majalisa ta yi doka a 1792 ta hukunta masu ƙirƙirar ta jabu. Gidaje da yawa sun hana 'yar aiki yin saurayi. Akan sauya wa mutum suna idan nasa ya yi wa uwargida kama da na manya, a kira shi da sunan da aka saba kiran wanda ya gabace shi. Duk wanda ya san yadda ake kawo yarinya daga ƙauye zuwa gidajen Kano ko Abuja ta hannun dillaliya, ba zai sha wahalar gane wannan rashin madafa ba, ko da yake dokoki da al'adun sun bambanta.

Sai dai kada a ɗauka cewa tunda bara ne ya rubuta, an kai ga tsantsar gaskiya. Cullwick ba don kanta ta yi rubutun ba. Wani lauya kuma mawaƙi mai suna Arthur Munby, wanda ta haɗu da shi a 1854 suka yi aure a ɓoye a 1873, shi ya buƙaci ta riƙa rubutawa, don yana da wata irin sha'awa ta ganin mata cikin dauɗar aiki. Ya sa an ɗauke ta hotuna cikin toka da baƙin hayaƙi, tana kiransa da sunan da bayi baƙar fata ke kiran iyayen gijinsu. Don haka idan ta tsawaita bayanin dauɗa, dole mai bincike ya tambayi kansa wa take faranta wa. Takardun nasu suna kwalejin Trinity ta Kambirij, an rufe su har 1950, kuma sai 1984 aka wallafa rubutun nata. Powell kuwa ta yi rubutu bayan kusan shekara 40 da faruwar abin, ga masu karatun 1968 da ke son jin an caccaki manya, kuma ta iya ba da labari, wanda ke nufin ta san inda ake ƙara gishiri. Harrison tana ƙaunar uwar ɗakinta duk da faɗan da suke yi, kuma aikinta na ƙololuwa ne, ba ya wakiltar kowa. Sama da duka, wadda ta iya rubutu har ta samu mai wallafawa ta riga ta fita daban. Miliyoyin da suka yi shekara 8 ko 10 suna aiki suka yi aure suka bari, ba su bar ko layi ɗaya ba.

Takardun hukuma su ke cike wannan giɓin, su ma da nasu ciwon. Masanin tarihi Edward Higgs, wanda ya bi takardun ƙidayar garin Rochdale, ya nuna cewa da yawa daga cikin waɗanda aka rubuta a matsayin 'yan aiki dangin masu gidan ne, kuma a 1891 an haɗa da 'ya'ya mata masu taya aikin gida, abin da ya kumbura adadin. Don haka lambar da na kawo a sama a riƙe ta da hannu biyu, amma kada a rantse a kanta. Bayanan kotun Old Bailey ta Landan, daga 1674 zuwa 1913, shari'o'i kusan 200,000, suna intanet kyauta, kuma a can za ka ji muryar 'yar aiki tana magana a gaban alƙali. Matsalar ita ce kotu ranar masifa kawai take gani: sata, kisan jariri, ko irin ta'asar Elizabeth Brownrigg da aka rataye a 1767 saboda ta azabtar da yarinyar da ke mata aiki har ta mutu. Wanda ya dogara da kotu kaɗai zai zaci kowane gida fagen yaƙi ne.

Wata tambaya da ke raba hanyoyin biyu sarai ita ce: me ya kawo ƙarshen sana'ar? Labarai suna son su ce zamani ne ya juya, manyan gidaje suka talauce, aka yi ban kwana da hawaye. Tarihi ya ce barorin ne suka riƙa guduwa duk lokacin da wata ƙofa ta buɗe. A yaƙin duniya na farko mata kimanin 400,000 suka bar aikin gida suka shiga masana'antun makamai da ofisoshi da motocin haya. Bayan yaƙin sai da hukuma ta riƙa yanke tallafin rashin aiki ga matar da ta ƙi karɓar aikin gida, kuma matsin tattalin arzikin shekarun 1930 ya sake tura da yawa ciki. Yaƙi na biyu ne ya karya abin gaba ɗaya. Ko rigimar 1911 ta ishe misali: da aka kawo dokar inshorar lafiya da ta ce uwargida ta biya taro, 'yar aiki ta biya taro kowane mako, sai da aka cika zauren Albert Hall da masu zanga-zanga, manyan mata na cewa gwamnati ta shigo musu cikin gida. Marubuciya Virginia Woolf ta rubuta a 1924 cewa halin ɗan Adam ya sauya wajen Disambar 1910, ta kuma ba da misali da kuku da ta daina zama a ƙasa ta fara shigowa falo aron jarida. Ita kanta Woolf ta shafe shekara 18 tana rikici da kukunta Nellie Boxall, kuma Alison Light ta rubuta littafi guda a kan wannan a 2007. Shi ne misali mafi kyau da na sani na yadda ake ɗora adabi a kan tarihi ba tare da ɗaya ya danne ɗaya ba.

Abu ɗaya ne ƙagaggen labari ya fi kowace takarda iyawa, kuma The Remains of the Day na Ishiguro ne ya nuna shi. Stevens, sarkin gidan Darlington, ya sadaukar da rayuwarsa ga ubangidan da ya karkata ga 'yan Nazi, har ya sallami 'yan aiki biyu Yahudawa bisa umarni, yana ta gaya wa kansa cewa mutunci ke nan. Babu baran da zai rubuta tarihinsa ya tona yaudarar da ya yi wa kansa haka, don wanda ke yaudarar kansa bai san yana yi ba. Marubuci ne kaɗai zai iya sa mutum ya faɗi abu mai karatu ya ji akasinsa. Amma a tuna cewa an haifi Ishiguro a Nagasaki a 1954, kuma Stevens ƙira ce da aka yi don tambayar biyayya da alhaki. Hujja ce a kan zuciyar ɗan Adam. Ba hujja ba ce a kan yadda sarakunan gida suka rayu.

Maganar aljihu kuma tana goyon bayan labarai. Kusan duk littattafan ƙarni na 18 da na 19 da na ambata, har da na Beeton, suna shafin intanet na Project Gutenberg kyauta, ana sauke su a waya da 'yar data. Powell da Cullwick da Harrison da Ishiguro kuwa suna ƙarƙashin haƙƙin mallaka, sai an saya ko an samu a ɗakin karatu, kuma na Cullwick ya fi wuyar samu. Littattafan masana irin na Pamela Horn na 1975, ko Servants na Lucy Lethbridge na 2013, su ma sai da kuɗi. Idan kuɗin littafi ɗaya ne kawai a hannu, a sayi Powell, a sauke sauran. Wajen wahalar harshe, Richardson yana da tsawo da maimaici har ya gundura, Moore da Ishiguro sun fi sauƙin bi, bayanan Old Bailey kuma suna buƙatar haƙuri da tsohon Turanci.

Saboda haka, ɗalibin tarihi ko na nazarin zamantakewa ya fara da Powell, ya bi da jadawalin Beeton da shari'o'in Old Bailey, ya ɗauki labarai a matsayin shaidar tunanin iyayen gida kawai. Ɗalibin adabi ba shi da zaɓin barin labarai, don a kansu za a yi masa tambaya, amma ya ba Powell mako ɗaya tun farko, sannan ya haɗa littattafan biyu-biyu: Esther Waters da Cullwick, Ishiguro da Harrison, Pamela da ƙorafin Defoe. Kada ya yi ƙoƙarin rungumar shekara 250 a kundi ɗaya, malamai sun gaji da irin wannan. Mai karatu don nishaɗi kuwa, wanda fim ne ya jawo shi, ya karanta Powell da Ishiguro ya huta, ba sai ya shiga kotu ba.

Wanda ke neman batun da ba a tattake ba, akwai kusurwar da duka hanyoyin biyu suka yi wa ƙyuya, wato barorin da ba Turawa ba. Francis Barber, haifaffen Jamaika, ya yi wa marubuci Samuel Johnson aiki har ya gaje shi a 1784. Ignatius Sancho ya yi sarkin gida a gidan dangin Montagu, aka wallafa wasiƙunsa a 1782. Mu kuma muna da namu. Dorugu, yaro Bahaushe daga ƙasar Damagaram da aka kama bauta, matafiyi Bajamushe Adolf Overweg ya 'yanta shi, ya zama baran abokin tafiyar Overweg, Heinrich Barth, wanda aka sani a ƙasar Hausa da Abdulkarim. Barth ya tafi da shi Ingila a 1855 tare da abokinsa Abbega. A can Dorugu ya zauna da ɗan mishan J. F. Schön, ya ba shi labarin rayuwarsa da Hausa, har da yadda ya ga Turawa suna zaman cin abinci da yadda suke tafiyar da gidajensu. Labarin ya fito cikin Magana Hausa a 1885, aka fassara shi zuwa Turanci a 1971 ta hannun Kirk-Greene da Paul Newman. Shi ma akwai hannun Schön a kansa kamar yadda hannun Munby ke kan rubutun Cullwick, don haka tambayoyin da za a yi wa ɗaya su za a yi wa ɗayan. Bambancin shi ne ɗalibin Kano ko Zariya ko Damagaram zai karanta asalin maganar Dorugu ba tare da tafinta ba, abin da yawancin masanan Ingila ba za su iya ba.